Ranar da Na Nutsar da Legas

Ko tsufa zai kwashe mini komai daga ka, ba zan taɓa mantawa da wata Talata ta ƙarshen rani ba, ranar da ni kaɗai, ina tsaye a bakin gonar tumatir da waya a hannu, na nutsar da birnin Legas gaba ɗayansa, sannan na sa babbar riga na tafi ta'aziyya.

Bari in ɗauko daga farko, don ba na son labarin da ake farawa daga tsakiya.

Ni ne sakataren ƙungiyar manoman rani ta ƙauyenmu, a ƙasan dam ɗin Watari. Ba ilimi ya ba ni kujerar ba. Firamare na gama, na taɓa sakandare shekara biyu, shi ke nan. An ba ni ne don an san ni da tsari. Ban yarda a yi na biyu kafin na ɗaya ba, ba na dariya a wurin aiki, kuma idan na ce ƙarfe goma, to goma ce. Akwai kuma wani abu da nake taƙama da shi, ina faɗinsa a taro ko ba a tambaye ni ba: tun da aka haife ni ban taɓa zama na kalli fim ba. Ba na Hausa ba, ba na Indiya ba, balle na Turawa. Lokacin da aka buɗe gidan kallo a bakin kasuwarmu, ni na ja masu kai ƙara wurin mai unguwa.

Aikinmu ga yadda yake. Ana tsinkar tumatir da sassafe, a zuba a kwanduna, a rufe bakinsu, a loda a babbar mota kafin rana ta take, mota ta kama hanyar Legas. A can, dillalinmu Alhaji Nasiru, wanda ɗan ƙauyenmu ne, shi ke karɓa ya sayar. Tumatir ba gero ba ne da za ka zuba a rumbu ka manta da shi. Idan ya bar jikin uwarsa, kwanakinsa ƙidayayyu ne, musamman da zafi ya fara shigowa. Tsinkar wannan Talata kuwa ita ce babba a shekarar. Wahalar wata huɗu ta gidaje kusan arba'in ce za ta hau mota guda.

An loda fiye da rabi, ina tsaye ina lura da masu lodi, sai wayata ta yi ƙara. Wani ne ya turo bidiyo a guruf ɗin manoma, an rubuta a ƙasa: "Innalillahi, Legas yanzu-yanzu. A tura wa 'yan'uwa."

Na danna.

Jama'a, ni duk ruwan da na sani a duniya dam ɗin Watari ne, kuma har ranar ina ɗaukar teku a matsayin Watari da ta ɗan ƙara faɗi. Abin da na gani a wayar nan ruwa ne ya tashi tsaye, ya fi kowane bene tsawo, yana tahowa kan wani gari na bakin teku. Masunta suna janyo taru, suka saki suka ruga. Kwale-kwale suna tashi sama suna faɗowa kan rufin gidaje. Kasuwar kifi ta tafi da teburanta da matan da ke kanta. Wata mata ta goyo ɗa tana gudu, ruwan na bin ta. Wani mutum mai jar riga ya ɗaga 'yarsa sama yana ihu. Duk wannan kuma da wani kiɗa mai ratsa zuciya a ƙasa (na ɗauka gidan talabijin ne suka sa don nuna alhini, har na yaba musu a raina).

Na yi salati, na share hawaye kada masu lodi su gani. Sannan na yi abin da na fi iyawa, wato na tsara matakai.

Na farko, tabbatarwa. Na kira Alhaji Nasiru. A kashe. Na sake. A kashe. Na uku, a kashe. Mutumin da ko yana cin abinci yake ɗaga waya! A wurina bincike ya kammala ke nan.

Na biyu, a tsayar da mota, don ba a kai kaya garin da babu shi. Na ja direbanmu Ado gefe, bayan motar, na sa ya yi alkawarin ba zai faɗa wa kowa ba, sannan na nuna masa. Ado ya shekara sama da goma yana bin hanyar nan. Ya kalla, ya karkata kai, ya ƙara kalla.

Ya ce, "Malam Sakatare, anya? Waɗannan duwatsun da ke bayan garin, masu farin kai, ni ban san su a Legas ba."

Na ce, "Kai kasuwa kaɗai ka sani. Ka zaga garin duka?"

"To, mutanen fa? Duk jajaye ne."

"Babu Turawa a Legas?"

"Akwai, amma ban taɓa ganin suna tallan kifi ba. Bari in kira wani abokina da ke gareji a can, minti ɗaya mu ji."

Nan ne na ɗaure fuska. A ƙauyenmu ba a sanar da mutuwa ta waya, kuma ba a barin uwa ta tsinci labarin ɗanta a bakin titi. Manya ne ke tashi su je da ƙafarsu, su zauna, su yi shimfiɗa da nasiha, sannan su faɗa. Mahaifiyar Alhaji Nasiru, Hajiya Tabawa, tana da rai, ta haura saba'in, ga hawan jini. Idan Ado ya kira abokinsa, abokin ya kira wani, kafin awa guda magana ta shiga gidanta ta bakin 'yan talla.

Na ce, "Ba wanda zai kira kowa sai an sanar da Hajiya yadda ya dace. Mayar da wayarka aljihu."

Ya mayar. Ya dube ni wani iri, ya ce, "To ni yanzu yaya ke nan? Mutanen ƙauyen gaba tun jiya suke roƙona in ɗauki nasu."

"In kai ka yarda ka kai kanka cikin ruwa, ga hanya nan. Namu dai ba zai je ba. A sauke."

"A sauke, Malam?"

"A sauke."

Ya ɗaga kafaɗa. "To. Ni zan ɗauki nasu. In na isa na tarar da teku a hanya, sai in juyo."

Na ji tausayinsa ƙwarai. Har addu'a na yi masa da ya tayar da mota.

Aka sauke kwandunan nan ɗaya bayan ɗaya, aka jera su a gindin mangwaro (a layi, manya a baya, ƙanana a gaba, don ko a cikin masifa ban yarda da hargitsi ba). Manoma suka taru suna tambaya. Na ce an ɗage tafiya, akwai babban dalili, za a sanar bayan la'asar. Abin da ya fi ci mini rai har yau shi ne ba wanda ya yi mini gardama. Sun san ban taɓa yin abu ba dalili. Baba Sule ne kaɗai, wani dattijo mai ɗan fili a ƙarshen magudanar ruwa, wanda kwandunansa tara su ne duk abin da ya noma a shekarar, ya matso ya ce a hankali, "Sakatare, shi tumatir ɗin an gaya masa an ɗage?"

Na ce, "Baba, in ka ji dalilin, za ka manta da tumatir."

Na uku, manya. Mai unguwa ya tafi gonarsa ta nesa, sai da na jira shi har kusan azahar, don ba zai yiwu in je wurin liman kafin shi ba. Da ya dawo na nuna masa. Ya riƙe wayar nesa da fuska, ya matso da ita, ya ce, "Subhanallahi. Amma tun safe rediyo na kunne, ban ji sun faɗa ba."

Na ce, "Ranka ya daɗe, su ma ai sai an aiko musu daga can. Wa ya rage da zai aiko?"

Ya gyaɗa kai, ya ce wannan magana ce. Bayan sallar azahar muka tare liman. Shi ya bar tabaransa a gida, iyakar abin da ya gani ruwa ne da ihu, amma da ya ga ni da mai unguwa mun yarda, sai ya ce Allah ya jiƙan musulmi. Ka ga yanzu shaidu sun zama uku, kuma duk ni ne.

Na koma gida na sa babbar riga. A hanya na tsara jawabina kashi uku: dukkan mai rai mamaci ne, sai falalar haƙuri, sai labarin kansa. Na roƙi liman ya bar mini maganar, shi ya rufe da addu'a.

Muka yi sallama a gidan Hajiya Tabawa, aka ce mu shigo. Tana zaune a rumfa kan tabarma tana ɓarar gyaɗa. Da ta ga mai unguwa da liman da ni cikin manyan riguna da tsakar rana, ta ture tiren gefe, ta sa aka shimfiɗa mana darduma. Aka gaisa, aka tambayi jiki, aka tambayi zafi. Sannan na gyara murya.

Kashi na ɗaya ya tafi daidai. A kashi na biyu har na ji muryata na rawa, na ce a raina lallai yau na yi magana. Hajiya tana kallona, hannunta a ƙirji.

Ta ce, "Ɗan nan, kada ka kashe ni da wa'azi. Wa ya mutu?"

Na ce, "Hajiya, sai haƙuri. Teku ta tashi ta cinye Legas da safiyar nan. Mun nemi Alhaji Nasiru ba mu same shi ba."

"Legas ɗin duka?"

"Duka, Hajiya."

"Wa ya gaya maka?"

Ban so nuna mata ba saboda jikinta, amma ta miƙo hannu, kuma ba a hana uwa. Na danna na ba ta. Mai unguwa ya sunkuyar da kai. Liman ya ɗaga hannu ya shirya. Ni kuma na matsa kusa don in tare ta idan ta faɗi.

Ta ƙura ido. Sai na ga hannun da ke ƙirjinta ya sauka.

Ta ce, "Au! Ai na masuntan nan ne."

Na ce, "Na'am, Hajiya?"

"Tsaya, tsaya. Yanzu jirgin zai hau kan rufin asibiti. Ga shi nan! Ka gani? To wannan mai jar rigar ba ya mutuwa, kada ka damu da shi. Matarsa ce ke mutuwa, Allah sarki, macen kirki, ita ta koma ɗauko tsohuwar maƙwabciyarsu. Sau huɗu na kalle shi, duk sai na yi kuka a wurin nan." Ta juyo da wayar ta duba bayanta kamar mai neman wani abu. "Naka ma ba fassara. Namu da Hausa suke magana."

Sai a lokacin na lura da farantin sola a kan rufin ɗakinta, da talabijin da ake hangowa ta ƙofa, an rufe ta da ɗan kyalle mai ado.

Liman ya sauke hannunsa a hankali.

Na ce (kuma wallahi da gaske na faɗa), "Hajiya, an rubuta a ƙasa cewa Legas ce."

Ta ce, "In an rubuta a goshina cewa ni amarya ce, sai ka kawo lefe? Kai, Sakatare! Kai da ake cewa kanka ya fi na kowa daidai a garin nan. Shi mai ɗaukar hoton ina ya tsaya? Ya hau sama ya ɗauka, ya shiga ƙarƙashin ruwa ya ɗauka, ya shiga cikin mota da mutane suna kuka ya ɗauka, bai jiƙe ba, bai miƙa wa kowa hannu ba? Kifi ne shi ko tsuntsu?"

Mai unguwa ya yi wani tari da ba tari ba ne.

Ba ta tsaya nan ba. Ta zaro 'yar wayarta daga ƙarƙashin tabarma, ta danna lamba, ta buɗe murya yadda kowa zai ji. Ina addu'a a raina, Allah ya gafarta mini, kada ta shiga. Ƙara biyu aka ɗauka.

"Inna, barka da rana. Yanzu na karɓo wayar daga wurin mai caji, tun jiya ba wuta."

"Nasiru, kana da rai?"

"Kamar yaya, Inna?"

"Ga mai unguwa da liman da Sakatare sun zo mini gaisuwar mutuwarka. An ce teku ta cinye ku."

Ana jin hayaniyar kasuwa da hon ɗin motoci, garin da na nutsar yana ta harkarsa.

"Teku? Inna, ko yayyafi ba a yi ba. Ruwan wanka ma saye muke. Sakatare na kusa? Malam Sakatare! Yauwa, dama kai nake son kira. Mota ta wuce Zariya? Kaya sun yi ƙaranci a nan, masu saye tun jiya suke zarya, na ce musu namu na hanya."

Duk suka juyo suna kallona. Ni da ban taɓa rasa abin da ke biye da wani abu ba, na buɗe baki na rasa na ɗaya, balle na biyu.

Hajiya ce ta amsa masa. Ta ce, "Yi haƙuri, bakinsa ya tafi da ruwa."

Ban san yadda na fito daga gidan ba. Na san dai na sa takalmin liman ƙafa ɗaya, sai a waje muka musanya. Ina fita na kira Ado. Ya ɗauka da fara'a.

"Malam Sakatare! Na wuce Zariya da kayan mutanen ƙauyen gaba. Har yanzu dai ƙasa busasshiya ce, amma ina dubawa. Da na hango ruwan kai zan fara sanarwa."

Na nemi wata mota ko'ina. Lokacin tsinka ne, kowace tana da mai ita. Wadda aka samu sai Juma'a.

Saura sanarwar bayan la'asar, wadda ni da bakina na yi alkawarinta. Manoma sun cika gindin mangwaro, kwanduna a bayansu a layinsu mai kyau, na ƙasa sun fara tsatsar ruwa. Mai unguwa ya ce shi maƙogwaronsa na ciwo. Liman ya ce yana da ɗalibai. Na tsaya ni kaɗai na faɗi abin da ya faru daga farko har ƙarshe, ban tsallake komai ba.

Da an zage ni da na ji sauƙi. Sai wani daga baya ya tambaya, da ladabi ƙwarai, ko za a yi sadakar uku ko a jira ta bakwai. Wurin ya fashe. Har waɗanda kayansu ke lalacewa a gabansu suna dariya suna riƙe ciki.

Baba Sule bai yi dariya ba. Ya durƙusa gaban kwandunansa, ya ɗauki tumatir ɗaya, ya latsa, yatsansa ya shige. Ya ce, "Sakatare, mutanen cikin fim ɗin nan sun fi ni sa'a. Su da aka gama ɗauka, sun canza kaya sun tafi gida cin abinci."

Wannan ta fi maganar Hajiya zafi.

Abin da ya yi saura da ƙarfi aka kai Kano a ƙananan motoci aka sayar yadda aka samu. Sauran aka yanka aka shanya, aka yi kauɗa. Kwana uku ƙauyenmu ja wur: kan rufi, kan tabarmi, kan buhuna a bakin hanya. Na ɗauki wuƙa na je gidan Baba Sule na zauna cikin matansa da jikokinsa ina yanka, ba wanda ya kira ni, ba kuma wanda ya ce in tashi. Tsinka ta gaba da ta zo, na sa aka fara loda nasa, na kuma ƙara masa da kwanduna daga gonata. Ya karɓa, amma sai bayan sati biyu ya fara amsa gaisuwata da cikakkiyar murya.

A taron ƙungiya na miƙa takardar ajiye aiki. Aka ƙi karɓa. Ba don an yafe ba, sai don ba wanda ke son wahalar rubutu, kuma kamar yadda wani ya ce, gara wanda ya riga ya yi nasa haukan an gani. Aka ce in rubuta dalilin rashin tafiyar kaya a littafin taro. Na tambaya me zan sa. Mai unguwa ya ce, "Rubuta gaskiya mana." Na daɗe riƙe da biro, sannan na rubuta: "Sakatare ya kalli fim."

Abin da na koya bai kai a jera shi ba, guda ɗaya ne. Mutum zai iya bin kowane mataki daidai, ya girmama manya, ya kiyaye al'ada, ya jera kwanduna a layi, alhali duk a kan ƙarya yake tsaye, don tsari ba ya tambayarka ko abin da ka ɗora shi a kai gaskiya ne. Yanzu duk abin tashin hankalin da ya shigo wayata, kafin mai unguwa, kafin liman, gidan Hajiya Tabawa nake fara kai shi. Sai ta ce ba ta taɓa kallonsa ba, sannan nake fara tsorata.